Wainar Hannun Hagu

Azumi ba ta iya zama ba. Tun tana yarinya ake mata faɗa a kan haka, har ta yi furfura ba ta daina ba. In ta je gidan biki, kafin a shimfiɗa mata tabarma ta riga ta shige madafi ta ƙwace muciya daga hannun masu gida. In gaisuwar mutuwa ce, ita za ka tarar tana cika butoci. To irin wannan mace ciwo ya kwantar, shi ya sa duk wanda ya san ta a Sabo ya ce kwanciyar ce za ta fi cin ta, ba ciwon ba.

A nan Sabo aka haife ta. Ubanta falke ne, daga wajen Bichi ya zo Ibadan sarin goro, ya ga wuri ya zauna. Ita kuwa Kano sai biki ke kai ta, kuma ko ta je kwana kaɗan take fara cewa zafi ya ishe ta. Yarbanci a bakinta ya zauna daram, matan kasuwar Bodija sun daɗe da haƙura da yi mata wayo a wajen awon shinkafa. Da aka aurar da ita ga Malam Sammani, mai ɗaurin huhun goro, uwarta ta sa mata tandar ƙasa cikin kayan ɗaki. Da wannan tanda ta fara, daga baya ta sayi ta ƙarfe mai gurbi da yawa, kuma tun daga lokacin sunanta ya koma Azumi Mai Waina.

Tsarin gidan bai taɓa sauyawa ba. Da yamma ta jiƙa shinkafa a kai markaɗe, ƙullu ya kwana ya tashi, da asuba ta hura gawayi. Mata su shigo tsakar gida da kwanoninsu, su tsaya a kanta ana soyawa ana hira. Maza su tsaya a zaure su yi sallama, ta miƙo musu ta gefen labule. Masu canji, direbobi, masu albasa da ke sammakon tafiya kasuwar Shasha, duk da wainarta suke karyawa. Da ita ta aurar da 'yarta Mardiya, da ita ta riƙe gida lokacin da bayan Malam ya fara ƙin ɗaukar huhu.

Wata safiya tana cikin juyi sai cokali ya suɓuce. Ta kai hannu ta ɗauka, hannun ya yi kamar ba da shi ake ba. Ta buɗe baki ta kira Malam, abin da ya fito ba magana ba ce. Matan da ke tsaye suka yi salati suka tare ta kafin ta kifa kan wuta. A asibiti aka ce hawan jini ne ya jawo shanyewar ɓarin jiki. Ai dama an daɗe da gaya mata, kuma an ba ta magani. Sai dai ita in kai ya daina sarawa, shi ke nan ta warke, ƙwayoyin su koma ƙarƙashin katifa.

Allah ya yi da sauran kwana. Baki ya dawo daidai, sai ɗan nauyi in ta gaji. Ƙafa ma ta yarda, tana takawa tana ja. Hannun dama ne ya ce atafau. Aka yi ta kai ta gashi, aka murza, aka ja, aka ba ta ƙwallo ta matsa. Yana nan rataye, ko tsinke aka soka masa ba ta ji.

Wayyo, zaman gidan nan! Ta kwanta ta tashi, ta dawo bakin ƙofa, ta koma gado, ta ce a ɗaga labule, ta ce a sauke. Masu dubiya suka yi ta zuwa, kowa da maganinsa: mai rubutu, mai man shafawa daga Borno, maƙwabciya Bayarbiya da goran jiƙo mai ɗacin tsiya. Kowa ya ce mata sannu, har ta tsani kalmar. Mardiya ta zo daga gidanta na unguwar Mokola ta wanke tanda, ta shafe ta da mai, ta ɗora can saman kabad.

"Inna, kin gama wahala," in ji ta. "Yanzu ki huta, mu ma mu yi miki."

"In huta in yi me?"

"Ki huta kawai, Inna. Hutu ai ba a yin komai da shi."

Azumi ta juya mata baya. Abin da ya fi ci mata rai shi ne safiya. Ta bayan katanga ƙamshin mai yake shigowa daga gidan Lami, wadda ta kafa tanda tun Azumi na asibiti. Tana jin takun mutane suna wuce ƙofarta da kwanoni, wasu ma da sauri don kada a gan su. Wainar Lami fa! Abin da sai ka ja da haƙori kamar silifa. Amma ita mutane ke ci, tunda ita ke akwai.

Ran nan Malam ya fita majalisa da hantsi, ta ɗauko sandar share yanar gizo ta yi ta zungurar tanda har ta faɗo kan katifa. Ta kwaɓa ɗan ƙullu, ta kunna kurfoti, ta kama ludayi da hagu. Ƙullun ya zuba a gefe. Ta zo juyawa, wainar ta dare biyu, wata ta tsallake ta faɗa toka. Ta zagi hannun, ta zagi cokalin, ta yi kuka kaɗan, ta share da gefen zane ta sake zubawa. Kaji suka yi ƙiba a gidan a 'yan makwannin nan. Sannu a hankali hannun ya gane hanya, ya san lokacin da gefe ya yi ja, ya san yadda ake soka cokali a murɗa. Ranar da ta cika faranti da waina fara tas mai laushi, sai ta zauna tana kallonta, murnar ta ƙi zuwa.

Domin wa zai ci? A Sabo ba a miƙa abu da hagu, balle abinci. Bahaushe bai yarda ba, Bayarabe ma da ke kewaye da su ya fi shi tsanani. Kowa ya san aikin da aka ware wa hagu, da buta ake yin sa a bayan gida. Ita kanta Azumi, in aka miƙo mata kwano da hagu, kallon mutum take yi kawai har sai ya sauya. Ta san abin da ke ran matan unguwa sarai, don ranta irin nasu ne.

Malam Sammani ya ci wainar, ya sha miya, ya ce ba ta da maraba da ta da. Ya ƙara da cewa ya taɓa tambayar liman a kan ita ta riƙa cin abinci da hagu, liman ya ce lalura ce, babu laifi ko kaɗan.

"Liman ya ce ni in ci," in ji Azumi. "Ka tambaye shi ko shi zai ci in na soya masa?"

Malam ya ci gaba da sakace. Shi mutum ne da bai iya ƙarya ba, bai kuma iya gardama ba.

Sai ta ƙirƙiro dabara, kuma dabarar da Azumi kaɗai za ta iya ƙirƙirowa. Ta samo cokula biyu. Ɗaya ta cusa cikin yatsun hannun dama, ta naɗe da tsumma, ta ja ƙullin da haƙori. Ɗayan ta riƙe a hagu. In ba kowa a tsakar gida, hagu ke aiki, fat-fat-fat, kwano na cika. Da ta ji sallama sai ta saki cokalin hagu cikin roba, ta rufe da murfi, ta kama wuyan hannun dama ta ɗaga shi, ta riƙa tura shi yana juya waina a hankali. Mai kallo zai ce hannun dama ne ke aiki, ɗan'uwansa na tallafa masa. Tsumman kuwa ta ce likita ne ya ce a riƙa ɗumama hannun. In namiji ya yi sallama a zaure, ta rataya ledar waina a kan cokalin, ta tallabo hannun ta miƙa ta gefen labule. Miƙa abu da dama ana tallabe da hagu ai ladabi ne, har wasu suka ce ciwo ya ƙara wa Inna Azumi girmama mutane.

Kai, mutanen Sabo da labari! Kafin a yi haka magana ta kai Mokola: hannun Azumi ya tashi. Kwanoni suka dawo. Mata suka yi ta barka, wannan ta ce rubutun da ta kawo ne, waccan ta ce man Borno ne, Bayarbiya ta ce jiƙonta ne, saura kaɗan a yi faɗa a kan wanda ya warkar da hannun da bai warke ba. Mardiya ta zo da gudu ta kama hannun tana murna, ta ji shi sanyi ƙalau, ta dubi uwarta. Azumi ta zare mata ido.

"Ki rufe min baki. In kin faɗa, ban yafe ba."

"Inna, wuta ce fa a gabanki."

"Tun kafin a haife ki take gabana."

Ta samu abin da take so, amma ba ta samu sukuni ba. Kunnenta kullum yana zaure. Akuya ta taɓa ƙyaure, ta saki cokali. Iska ta kaɗa labule, gabanta ya faɗi. In mata suka taru a kanta, aikin ya koma tafiyar hawainiya, waina na neman ƙonewa, hagu na ƙaiƙayi yana son ya fizge cokali, ita tana danne shi tana dariyar dole. Kafaɗarta ta riƙa ciwo saboda ɗaga hannun da ya yi nauyi kamar taɓarya. Ta fara korar mutane da dabara: ku je ku dawo, ku bar kwanon za a aiko. Matan Sabo kuwa ba waina kaɗai ke kawo su ba, hira suke so, ba inda za su.

Wata Juma'a gidan ya cika. Ana cikin haka sai ga Ashatu, matar wani mai shanu, yarinya-yarinya da goyo a baya. Ba ta zo da kwano ba. Ta durƙusa dab da murhu ta gaida Azumi, ta yi ƙasa da murya, amma kowa na ji. Mijinta ne ya faɗi a kara, kasuwar shanu, watan jiya, irin ciwon Inna sak, har da hannun dama. Ya daina magana da kowa, ya juya fuska bango. Da ta ba shi labarin hannun Inna ya tashi, ranar ce ya fara cin abinci.

"Inna, don girman Allah ki gaya min abin da kika sha. Ko mene ne zan nemo."

Azumi ta kau da kai. Ta ce rubutu, ta fasa. Ta ce wani mai ne, ta fasa. Ta dubi matan da ke tsaye, duk sun zuba mata ido, masu rubutu da masu mai kowa na jiran a ambaci nata. Ta saki hannun dama don ta gyara ɗankwali, ta shiga kame-kame: ai abin daga Allah ne, ai haƙuri ake yi, ai kowa da jininsa. Ashatu na gyaɗa kai tana roƙo, ita tana ƙara jan zancen ko za ta samu mafita.

Ƙaurin tsumma aka fara ji. Wata ta ce ko zanen wani ya taɓa wuta, kowa ya duba nasa. Sannan wani ƙaurin ya biyo baya, wanda ba na tsumma ba.

"Innalillahi! Inna, hannunki!"

Yana kwance a kan bakin tanda, gefensa manne da ƙarfe, tsumman da ya sha mai yana hayaƙi. Fuskar Azumi ko gezau, don ba ta ji komai ba. Ashatu ta fizge shi ta tsoma a bokitin ruwa, tsumman ya warware, cokali ya faɗo da igiyarsa. A daidai lokacin wainar da ke kan wuta ta fara baƙi. Shekara da shekaru Azumi ba ta taɓa kallon waina na ƙonewa ta ƙyale ba. Kafin ta yi tunani hagu ya ture murfin roba, ya zaro cokalinsa, ya bi gurbin nan ɗaya bayan ɗaya ya juye su tas, cikin ƙwarewar da ba a koyon ta a rana ɗaya.

Wata tsohuwa da ta riga ta kai loma baki ta tsaya da tauna. Wata ta dubi kwanonta da aka cika, ta ajiye shi a hankali a kan turmi.

Ashatu ce ta fara kuka, riƙe da hannun a cikin ruwa. "Ashe bai tashi ba," take cewa. "Ashe bai tashi ba. Me zan je in ce masa?"

Wannan kukan ya fi ƙunar shiga jikin Azumi, don shi ta ji shi. Kunya ta rufe ta, irin wadda ba ta taɓa ji ba tun da take. "Bai tashi ba, 'yar nan," ta ce. "Ƙarya na yi. Ki riƙa kai shi gashi, kada ki bari ya ajiye maganin asibiti. Ni abin da na sani ke nan."

Aka kai ta asibiti aka wanke ƙunar aka naɗe da bandeji. Mardiya ta yi faɗa har muryarta ta dushe, ta ce gobe za ta zo da mota ta kwashe tanda da kurfoti, in ya so Inna ta tsine mata. Labari kuwa ya zaga unguwa tun kafin a sauko daga masallaci. Masu tausayi suka ce kaico. Wasu suka ce ashe duk wainar nan da muke ci ta hagu ce, har wata ta rantse tun da ta ji cikinta ke juyawa. Ita ce kuwa mai cewa a ƙara mata gyara kullum!

Da la'asar Malam ya tarar da ita tana wanke shinkafa da hannu ɗaya.

"Azumi, wa za ki soya wa?"

"Ban sani ba, Malam. Kai dai ka kai min markaɗe."

Ya ɗauki bokitin ya fita, dattijo da furfurarsa, ya bi layin mata a wajen inji.

Gari ya waye ta hura wuta. Ba tsumma, ba cokali na biyu. Hannun dama na rataye a wuya da ɗankwali, hagu na aiki a fili. Kwano ya cika, ta rufe, ta ɗauko wani. Rana ta hau katanga. Mata sun shigo, ba a ce ba su shigo ba, amma hannu rabbana. Sannu Inna, ya jiki, Allah ya kiyaye gaba, sai su fice suna kauce wa kallon tanda. Ta tashi ta leƙa zaure ta dawo. Ta rage wuta, ta ƙara. Ta sake tashi. Ta bayan katanga tana jin ana kiran sunan Lami, ana cewa a yi sauri.

Can sai ga sallamar namiji. Gambo ne mai albasa, wanda tun yana gwauro yake karyawa a gidan nan, yanzu har ya aurar da 'ya. Ya yi mata sannu ta bayan labule, sannan ya ce a ba shi kamar kullum. Ta zuba a leda, ta barbaɗa yaji, ta ja ƙafa zuwa zaure. Ta fitar da hannun hagu ta gefen labule, shi kaɗai, ba rakiya.

Ledar ta daɗe a iska kafin a karɓa. Ya yi godiya, takunsa ya yi waje.

Azumi ta tsaya. Gambo bai taɓa fita daga zauren nan ba sai ya jefa ɗaya a baki, yana hura iska yana cewa zafi. Yau ba ta ji motsin leda ba. Ta yaye labule, ta ratsa zaure da jan ƙafarta, ta fito har bakin titi ba ko mayafi. Ga shi can yana tafiya, ledar a ƙulle tana lilo, yana waige-waige kamar mai neman wanda zai ba.

"Gambo!"

Ya juyo. Masu shago da 'yan okada ma suka juyo.

"In sadaka za ka yi da ita, dawo min da abata. Sayarwa nake yi, ba taimako na roƙa ba."

"Haba Inna, ai ni..."

"Da hagu na soya, da hagu na miƙa maka. In ba za ka iya ci ba, ba ka yi laifi ba. Kawo."

Ta miƙa hannun hagu. Gambo ya dubi hannun, ya dubi mutanen da ke kallo, ya dubi ledar. Ya kwance ƙullin a hankali, ya ɗauki ɗaya, ya yi bisimilla ya kai baki. Ya tauna, ya tauna. Sai ya yamutsa fuska.

"Inna," ya ce da cikakken baki, "yau ba ki sa kanwa ba ne? Tsami har cikin kunne."

"Ƙarya kake yi!"

"Wallahi ki ɗanɗana. In haka za ki yi gobe, ni Lami zan koma."

Ya ɗauki ta biyu ya tura, ya juya ya nufi tasha yana ci yana mita. Azumi ta koma ciki da sauri iya yadda ƙafar ta yarda, ta lakaci ƙullu ta sa a harshe. Ja'irin, gaskiyarsa ce. Ga ruwan kanwar can a kofi inda ta jiƙa shi, ta manta da shi saboda leƙen zaure. Ta tsiyaya, ta juya da ludayi, hawaye na sauka tana gogewa da kafaɗa. Ta ɗaga murya ta ce wa Malam ya kira Mardiya ya gaya mata kada ta wahalar da kanta da neman mota, sannan ta zuba mai a tanda.